Kunyar Ɗan Fari

Ranar da Baba ya kira ni ɗakinsa ya ce in sabon wata ya kama Inna Laraba za ta zo daga Katabu ta tafi da yaron, ko gezau ban yi ba.

"To, Baba," na ce, kamar wadda aka ce za a zo karɓar aron tukunya.

Baba ya daɗe yana kallona, sannan ya gyara zaman hularsa.

"Allah ya yi miki albarka, Hafiza. Kunyarki irin ta mutanen da ce."

Inna Laraba ita ce mahaifiyar mijina Mustapha. Cikina yana wata bakwai ya je gaishe ta, a hanyar dawowa motarsu ta yi haɗari, ko asibiti ba a kai da shi ba. Tela ne a kasuwar Kawo, mutum mai fara'a, wanda in shinkafa ta kama min sai ya ce shi dama ƙanzon yake so. Har gobe in na ji ƙarar keken ɗinki sai na ɗan tsaya. Allah ya jiƙansa da rahama.

Na dawo gidanmu a Hayin Banki na yi takaba, a nan na haihu. Namiji. Aka mayar masa da sunan ubansa, mutanen gida suna kiransa Halifa.

Na sha jin mata suna cewa da an ɗora miki jaririnki a ƙirji kin manta da wahalar naƙuda. An ɗora min shi. Na ji nauyinsa, na ji ɗuminsa, daga nan ban ƙara jin komai ba. Na jira washegari. Na jira ranar suna. Shiru.

In ya yi kuka sai in ji kamar a gidan maƙwabta ake yi. In an miƙo min shi in ba shi nono, sai in kafa wa bango ido har ya saki. Kunun kanwa a bakina kamar ruwan wanki, barci kuwa ya yi ƙaura. Ba ƙinsa nake yi ba, wallahi. Ban dai san shi ba ne.

Kuma babu wanda ya gane, saboda a gidanmu ana kunyar ɗan fari. Uwa ba ta kiran sunansa, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ba ta nuna ta damu da shi. Ni abin ma ya haɗe min biyu, tunda sunan mijina gare shi, sunan da ban taɓa buɗe baki na kira ba ko mai shi yana raye.

Gwaggo Lami, ƙanwar Baba, ita ta riƙe ni tun rasuwar mahaifiyata, ita ta yi min wankan jego. Duk wadda ta shigo barka sai ta yi mata tallata.

"Ku ga 'yar halak! Ko kallonsa ba ta yi. Ba irin 'yan yanzu ba, masu ɗaukar ɗan fari hoto a waya suna ce masa sarkina. Ni nawa har ya yi gemu 'wancan' nake ce masa."

Mata su yi shewa su sa min albarka. In sunkuyar da kai, su ce kunya ce.

Kafin a yi arba'in nonona ya ɗauke. Aka koma madarar gwangwani. Gwaggo ke dama masa, ita ke masa wanka, a bayanta yake barci.

Bayan arba'in manema suka fara sallama.

Na farko Alhaji Zakariyya, mai shagon kayan gini a Doka, aminin Baba. Matarsa ta rasu, 'ya'yansa sun girma. Mutumin kirki ne, ba zan yi masa sharri ba, amma ya faɗa wa Baba gaskiyarsa, ya ce ya wuce shekarun jin kukan jariri a gidansa. Inna Laraba kuwa dama tana ta aike, tana son jikanta kusa da ita, ga 'yarta tana goyo za ta haɗa ta shayar da su. Sai abin ya yi wa kowa daidai kamar an gwada.

Na biyun Abdurrahim ne.

Abdurrahim ɗan Malamin bayan layinmu ne, a zauren babansa muka yi karatun allo tare. Yana sayar da itace da gawayi kusa da gadar Kawo. Aminin Mustapha ne, shi ne babban abokin ango a bikinmu, kuma yana cikin waɗanda suka sa shi a kabari. Tun ranar da na haihu yake turo baro cike da itacen wanka, ya ce hakkin abota ne. An gama wanka bai daina ba. Itace ya taru a bayan madafi har ya kusa kamo katanga.

"Kai Abdurrahim," Gwaggo kan ce masa, "mai jegon fa ta fita tuni. Ko ni za ka gasa?"

"Ai ke kin daɗe da nuna, Gwaggo. Wannan na ajiya ne."

"Ɗan banza mai baƙin hannu."

Da ya turo kawunsa wajen Baba, Baba ya ƙi.

"Aminin mamaci? Ƙasar kabarin ko bushewa ba ta gama yi ba? Me za a ce a unguwa? Da wane ido zan kalli Laraba?"

Ya ce kada ya kuskura ya tsaya zance da ni. Ni kuma ya ce ba zai yi min dole ba, amma in duba maganar Alhaji da kyau.

Ni a lokacin da Alhaji da mai itace duk ɗaya ne a wurina. Da an ce in auri turmi ma to zan ce.

Wata Talata da hantsi Gwaggo ta tafi cin kasuwar Kawo, Baba yana shago. Ina zaune a tabarma gindin darbejiya, yaron yana kwance a gefena yana ta tsala kuka. Ban san tsawon lokacin da muka yi a haka ba. Sai ji na yi an dire baro.

Ashe Abdurrahim ya yi ta sallama ban ji ba. Ya tsaya daga bakin zaure, bai ƙaraso ba.

"Hafiza, yaron yana kuka."

"Na ji."

"Ba kowa a gidan. Kunyar wa kike ji?"

Na ɗago na dube shi.

"Baba ya hana ka magana da ni."

"Zance ya hana ni, wannan ba zance ba ne." Ya goge hannunsa a jikin rigarsa. "Na san kunya, Hafiza, ni ma ɗan fari ne. Innata har yau 'mai itace' take ce min. Amma ina yaro, in ta ga ba kowa sai ta ja ni bayan ɗaki ta cusa min tsokar nama a baki, ta ce in na faɗa sai ta yanka ni. Mai kunya satar kallo take yi. Ke na daɗe ina lura, ko satar ba kya yi."

Ban san daga ina kukan ya taho ba. Ko ranar da aka shigo da gawar Mustapha ban yi irinsa ba.

"Abdurrahim, ni ba uwa ba ce. Allah ya ba ni ɗa ya hana ni zuciyar. Kaza ma in ka taɓa ɗanta sai ta yi kanka. Ni an ce za a tafi da nawa Katabu na ce to. Gara a kai shi inda ake sonsa."

"Kin tuna ƙanwata Fadila, lokacin da ta haihu?"

"Da aka ce iska ta taɓa ta?"

"An yi turare, an sha rubutu, har Malam da kansa ya ce a haɗa da asibiti. Ciwo ne, Hafiza. Yana kama mata bayan haihuwa, balle ke da kika yi naƙuda da makoki a ƙirji. Yau je ki taɓa 'yar Fadila ki gani, idonki za ta cire."

"Don ka aure ni kake faɗin haka."

Ya sunkuyar da kai. Da ya ɗago idonsa ya kaɗa.

"Ina sonki, ba zan ɓoye ba. Allah shaida ne ban taɓa ɗaga ido na dube ki ba abokina yana raye. Amma ki auri Alhaji in shi ne alherinki, ni zan kawo itacen bikin. Abu ɗaya nake roƙo, kada ki bayar da yaron nan kina cikin ciwo. Ranar da za ki warke ki shafa bayanki ki ji ba goyo, wannan kukan ba mai iya rarrashinki."

Yaron yana nan yana kuka, har muryarsa ta dishe.

"Ɗauke shi," ya ce. "Ba sai kin ji komai ba. Ɗauke shi kawai."

Na ɗauke shi. Ya cusa fuskarsa a wuyana yana ajiyar zuciya. Abdurrahim ya sauke itacensa a nan bakin zaure ya juya, ina jin ƙarar baron har ya sha kwana.

Da Gwaggo ta dawo na faɗa mata komai. Ledar kayan miya ta suɓuce mata, tumatir ya bazu a tsakar gida.

"Innalillahi! Ina ta yi miki kirari ashe nutsewa kike yi?"

Ta rungume ni muka yi kuka tare, sannan ta fyace hanci da gefen zani ta ce, "To ya isa. Tsince min tumatirina, da tsada na sayo."

Washegari ta kai ni asibitin da na yi awo. Nas ɗin, wata dattijuwa, ko mamaki ba ta yi ba. Ta ce ciwon damuwa ne na bayan haihuwa, kuma ba ni ce ta farko da ta zauna a wannan kujerar ba. Na ga likita, aka ɗora ni a magani, aka ce in riƙa dawowa. Nas ta ce in riƙa kwantar da shi a ƙirjina, in shafa masa mai da hannuna, in yi masa magana ko bakina ya yi nauyi. Ta ce kada in sa ran abin zai tafi a rana ɗaya.

Gwaggo ta sami Baba da maganar. Ya tausaya min ƙwarai, har ya sayo min balangu, amma ya ce, "Na riga na ba Laraba magana, dattijo ba ya magana biyu. In Hafiza tana da ja, ta faɗa da bakinta a gabanta."

Ya san abin da ya faɗa. Wace mace ce za ta buɗe baki gaban surukarta ta ce a ba ta ɗanta na fari?

Kullum da safe Gwaggo sai ta ajiye min kwalbar man kaɗanya ta ja ƙofa.

"Na shiga maƙwabta. Ban ga komai ba, ban ji komai ba."

Ranar farko kamar tulu nake shafa wa mai. Haka ta biyu. Wata safiya ina murza masa ƙafa sai na ga ƙaramin yatsansa ya hau kan na kusa da shi. Na tsaya. Ƙafar Mustapha ce sak, ƙafar da nake zama ina kallo tana taka keke.

Na jawo jakar da ban taɓa buɗewa ba tun rasuwar. 'Yan rigunan da ya ɗinka ne da guntayen yadin mutane, hannu daban, gaba daban. Ɗaya har da aljihu. Na tuna na ce masa jariri me zai sa a aljihu, ya ce namiji ba ya zama ba aljihu ko da ɗan kwana ɗaya ne.

Sai ga ni ina dariya ni kaɗai, hawaye yana zuba. Yaron ya zuba min ido, ya buɗe bakinsa da ba haƙori ko ɗaya.

Ba zan ce soyayya ta sauko min gaba ɗaya ba. Wata rana in ji shi a raina, wata rana shiru. Amma na fara cin tuwo ina jin daɗin miya, na fara gane kukan yunwa da na fitsari.

Wata ya kama. Inna Laraba ta iso da hantsi, da sabon zanin goyo da majanyi a jakarta.

Na durƙusa na gaishe ta. Ta rame ƙwarai. Aka ci abinci, aka yi addu'a ga mamaci, Baba yana zaune a kujerarsa yana jan carbi. Duk maganar da na kwana biyu ina shiryawa ta gudu. Gwaggo tana ta zungurina da ƙafa, na kasa.

"To, bari mu kama hanya kafin rana ta yi," in ji Inna.

Gwaggo ta miƙa mata shi tana harara ta. Rigar mai aljihu ce a jikinsa. Inna ta goya shi, ta ɗaure majanyi, ƙafafunsa suka leƙo ta gefenta. Ta yi sallama ta nufi zaure.

Sai ya fara juya kai. Ya duba nan, ya duba can. Ya wuce Gwaggo da ta yi ta goyonsa, ya wuce Baba, idonsa ya tsaya a kaina, ya taɓe baki.

Wani abu ya tsinke a ƙirjina.

"Mustapha!"

Carbin Baba ya faɗi ƙasa. Gwaggo ta dafe ƙirji. Inna Laraba ta tsaya cak a bakin zaure, ta juyo a hankali.

"Wa kika kira?"

"Ɗana, Inna."

Da rarrafe na isa wurinta na kama gefen zaninta.

"Inna, ki yafe min rashin kunya. Abin da ake ta yabona da shi ba kunya ba ce, ciwo ne. Ban warke ba, magani nake sha. Har yanzu akwai ranar da nake kallonsa ba na jin komai. Amma in kika tafi da shi ban san don wa zan warke ba. Ki bar min shi, Inna, don Allah."

"Hafiza!" Baba ya daka min tsawa. "A gaban surukarki?"

"Bar ta, Malam Isa," Inna ta ce wa Baba.

Inna ta lallaɓa ta zauna a kan turmi, goyon yana bayanta.

"Shi ma ɗan farina ne," ta ce. "Tun da na haife shi ban taɓa kiran sunansa ba. 'Kai' nake ce masa. Ranar da ya zo gaishe ni, ya miƙe zai tafi, na ga wuyan rigarsa ya lanƙwashe. Na so in kira shi in gyara masa, akwai mutane, sai na ƙyale. Ya tafi da wuyan riga a lanƙwashe."

Ta share ido da bakin mayafi.

"Tun daga ranar kowa 'marigayi' yake cewa. Yau ne na fara jin sunan a bakin wadda ta isa. Ni dama don haka nake son wannan, jika ba a kunyarsa."

Ta miƙe ta kwance majanyin.

"Juyo."

Na juya na sunkuya. Da hannunta ta ɗora min shi, ta ja zanin ta ɗaure tamau har sai da na yi nishi.

"Ki riƙa kiransa. Da ƙarfi, in jiyo daga Katabu. Kuma duk Juma'a a kawo min mijina in gani, in ba haka ba in zo in tare a gidan nan."

Baba ya tsinci carbinsa, ya yi gyaran murya. Shi ma idonsa ya yi ja.

"To, maganar Alhaji fa?"

"Alhaji ya ce ba ya son kuka," in ji Inna. "Ga kukan nan a bayanta, sai ya yi haƙuri." Ta dubi Gwaggo. "Wa ya gane ciwo ne? Ke?"

"Ina fa! Ni da nake ta buga mata ganga." Gwaggo ta nuna bayan madafi da baki.

Inna ta bi tulin itacen da kallo tun daga ƙasa har saman katanga.

"Gidan burodi kuka buɗe?"

"Abdurrahim ne. Neman Hafiza yake yi, Yaya ya kore shi," in ji Gwaggo.

"Saboda ke na hana shi, Laraba," in ji Baba. "Aminin ɗanki ne."

Fuskar Inna ta canja, ban iya karanta ta ba. Na tsinci kaina ina addu'ar kada ta ƙi, kuma a nan na gane ashe mai itace da turmi sun daina zama ɗaya a wurina.

Ana cikin haka muka ji ƙarar baro a ƙofar gida, sannan sallama.

Ba wanda ya amsa. Kowa Inna yake kallo.

Ta koma kan turmin ta zauna, ta gyara mayafinta, ta harɗe hannu.

"A ce masa ya shigo. Yaron da ya sa min ɗa a kabari da hannunsa, ina da tambayoyin da zan yi masa kafin in ba shi riƙon wani."

Baba da kansa ya tashi ya nufi zaure. Gwaggo ta matso kusa da kunnena.

"Ko ba komai dai, itacen biki an riga an tara."

Na sunkuyar da kai, wannan karon kunyar gaske ce. A bayana yaron ya lafe, ɗuminsa yana ratsa ni. Na kai hannu na kama 'yar ƙafar nan mai yatsa a kan yatsa, na sake kiran sunan a hankali. Ya amsa da ajiyar zuciya.